Ganuwar Ƙudus: wa ya gina ta, ƙofofinta nawa, me ya hana ta zubewa?

Tambaya: Wani malamin Islamiyya daga unguwar Jahun a cikin garin Bauchi ya aiko cewa ɗalibansa sun ga hoton ganuwar birnin Ƙudus a waya, suka tambaye shi ko ita ce wadda aljanu suka gina wa Annabi Sulaiman (AS). Yana son sanin wanda ya gina ta, yawan ƙofofinta, da dalilin da ya sa take tsaye har yau, alhali ganuwar Bauchi da ba ta kai ta shekaru ba kusan sunayen ƙofofi kawai suka rage.

Amsa: Allah ya gafarta Malam, Sulaiman ne ya sa aka gina ganuwar da ke cikin hoton, amma Sultan Sulaiman al-Ƙanuni, sarkin Turkawa da ya yi mulki daga 1520 zuwa 1566. Daularsu ita ma Usmaniyya ake ce mata, don haka in za a faɗa wa yara a ƙara da "ta Turkiyya", kada su ɗauka ta Shehu Ɗanfodiyo ake nufi. An yi aikin tsakanin 1537 da 1541, wato 944 zuwa 947 na Hijira, kuma a lissafin masu tarihi akwai wajen shekara 2,500 tsakanin wannan da zamanin Annabi Sulaiman. Hadisin da ya yi maganar ginin Annabi Sulaiman a Baitul Muƙaddas kan masallaci yake. Suratu Saba'i kuma ta ambaci gine-gine da manyan akusa da kafaffun tukwane da aljanu suka yi masa, ba ta ambaci ganuwar birni ba.

Kewayen ganuwar mita 4,018 ne. Matsakaicin tsayinta mita 12, kaurinta kimanin mita 2.5, tana da hasumiyoyin tsaro 34. Filin da ta kewaye bai cika murabba'in kilomita ɗaya ba. Wannan yakan ba mutanenmu mamaki, domin ganuwar da Sarki Yakubu ya yi wa Bauchi bayan kafa garin a 1809 ta kai kimanin kilomita 10.5, ninki biyu da rabi ke nan. Ganuwarmu ta ƙasar Hausa gonaki da kududdufai da makiyaya take haɗawa ciki, don in an tsare gari a samu abin ci. Ta Ƙudus gidaje da kasuwanni da wuraren ibada kawai ta rungume, ruwa kuma a rijiyoyin tara ruwan sama ake ajiye shi.

Shekarun aikin a jikin dutse suke. Magina sun sassaƙa sunan Sultan da shekarar Hijira a saman ƙofofin, kuma in aka jera rubuce-rubucen sai tsarin aikin ya fito: arewa tana ɗauke da 944, gabas da yamma 945, kudu ce ta ƙarshe da 947. Takardun kotun shari'a ta Ƙudus na wancan zamani sun ambaci Muhammad Calabi an-Naƙƙash a matsayin mai kula da aikin. Masu jingina ta ga Sinan, babban maginin Sultan, zato kawai suke yi.

Fara aiki daga arewa ba haka kawai ba ne. Birnin a kan tudu yake. Ta gabas akwai kwari mai zurfi tsakaninsa da Dutsen Zaitun, ta yamma da kudu wani kwarin ya naɗe shi. Ta arewa kaɗai ƙasa ta zo daidai da gari, inda runduna za ta iya jan kayan yaƙi har gindin katanga. Ta nan Rumawa suka fasa a shekara ta 70 Miladiyya. Ta nan mayaƙan Salibiyya na Turai suka haura ranar 15 ga Yuli 1099. Salahuddin al-Ayyubi ma a 1187 ya fara gwadawa ta yamma, bai samu yadda yake so ba, ya koma arewa. Masu haƙarsa suka yi rami a ƙarƙashin tushen katangar suna tokare rufinsa da itace. Da suka gama sai suka cinna wa itacen wuta, ramin ya rufta, katangar ta bi shi. Daga nan aka yi sulhu, ya shiga garin ranar 2 ga Oktoba 1187, daidai da 27 ga Rajab 583.

Abin da yara ba za su yi tsammani ba shi ne, kafin Sultan Sulaiman birnin ya shafe fiye da shekara 300 ba shi da cikakkiyar ganuwa, kuma sarkin Musulmi ne ya rushe ta. A 1219 mayaƙan Salibiyya sun tsare Dimyat a Masar. Al-Mu'azzam Isa, ɗan ɗan'uwan Salahuddin, wanda ke mulkin Dimashƙa, ya ji tsoron kada su dawo su karɓe Ƙudus su fake a bayan katangarta yadda fitar da su zai gagara. Sai ya sa aka farfasa ta, har da sassan da shi da kansa ya gina shekaru kaɗan kafin nan. Jama'a da yawa suka watse daga garin. Mamlukawa da suka zo daga baya sun cika birnin da makarantu da masaukan baƙi, amma ba su mayar da ganuwar ba. Haka Turkawa suka same shi lokacin da Sultan Salim, mahaifin Sulaiman, ya ci Sham da Masar a 1516 da 1517.

Saboda haka maginan Sulaiman ba a fili fetal suka fara ba. Sun bi tsohon tushe inda suka same shi, suka tsince duwatsun da ke zube suka sake ɗora su. Shi ya sa katangar ba ta zamani ɗaya ba ce, kuma mai ido yana iya karanta ta daga ƙasa zuwa sama. Inda ya fi nuna wannan shi ne kusurwar kudu maso gabas, inda katangar harabar Masallacin Al-Aƙsa ita ce kuma ganuwar birni. Sahun ƙasa manyan duwatsu ne na zamanin Sarki Hirudus, wanda ya fara faɗaɗa harabar wajen shekara 20 kafin Miladiyya. Kowane sahu ya kai mita ɗaya ko fiye a tsayi, dutse guda kuma yakan yi mita da yawa a tsawo. Ana gane su da siririn gefe da aka sassaƙe kewaye da fuskar kowane dutse, tsakiyar ta ɗan taso tana da santsi. Babu kwaɓi a tsakaninsu ko kaɗan, nauyi ne da kyawun sassaƙa ke riƙe su, kuma kowane sahu an ja shi baya da santimita kaɗan daga na ƙasansa don katangar ta jingina da ƙasar da take tarewa. A samansu sai matsakaitan duwatsu na zamanin Umayyawa da waɗanda suka biyo su. Akwai masu ƙullutu a tsakiya da ba a goge ba, irin na zamanin yaƙin Salibiyya da Ayyubawa, wasu ma da alamar da magini ya zana don a san aikinsa. Can ƙoli sai ƙananan duwatsu na Turkawa da na gyare-gyaren baya. A taƙaice, yadda ka ƙara sama haka dutse ke ƙara ƙanƙanta, shekarunsa na raguwa.

Ƙofofin da aka sani takwas ne, bakwai a buɗe, ɗaya a toshe. Cikin bakwai ɗin, shida na zamanin Sulaiman ne, ɗaya sabuwa ce. Ban da su akwai tsofaffin ƙofofi uku da aka liƙe a katangar kudu ta harabar masallaci, mai baki ɗaya, mai baki biyu da mai baki uku, waɗanda ba a sa su a lissafi.

Babbar ƙofa ita ce Babul Amud a arewa, wadda Turawa ke kira Ƙofar Dimashƙa. Ita ce aka fi ƙawatawa, kuma ita ta fi nuna dabarar tsaron. Hasumiya biyu ne a gefenta, da siraran tagogin harbi masu faɗi ta ciki, matsattsu ta waje. A saman bakin ƙofar akwai ɗan baranda na dutse da aka huda ƙasansa, don mai gadi ya sako abu a kan wanda ya zo gindin ƙyaure ba tare da ya leƙo ba. Ƙyamaren na itace ne da aka lulluɓe da ƙarfe. In ka shiga ba ka miƙewa: ka yi taku kaɗan sai bango ya tare ka, ka juya hagu, ka sake juyawa dama, sannan ka fita cikin gari. Dabarar zaurenmu ce, inda ba a saita ƙofar waje da ta ciki. Mahayi ba ya iya shigowa a sukwane, gungumen da ake dukan ƙofa da shi ba ya samun filin ja da baya, kibiya ba ta wucewa kai tsaye, kuma duk taron da ya kutso sai ya cushe a lungu masu gadi na samansa.

A ƙarƙashin wannan ƙofa akwai wata. In ka sauka ta gefen gabas za ka ga bakan wata ƙaramar ƙofa, mita da yawa ƙasa da inda mutane ke takawa yau. Ragowar ƙofa ce mai baki uku ta zamanin Sarkin Rum Hadiriyan, a ƙarni na biyu. Ginshiƙin da ƙofar ta samo sunanta daga gare shi (amud da Larabci ginshiƙi ne) a filin cikinta yake tsaye a da. Babu shi yanzu, amma yana nan a zane cikin taswirar Madaba, wadda aka shimfiɗa da ƙananan duwatsu a daɓen wata coci a Jodan tun ƙarni na shida. Wanda Allah ya kai shi ya lura: bayan ya shiga Babul Amud hanya takan rabu biyu. Ta hagu, Ɗariƙul Wad, ita ke gangarawa wajen ƙofofin Al-Aƙsa. Ta dama, Suƙ Khan az-Zait, kasuwa ce mai kaiwa wajen Cocin Ƙiyama.

Ta yamma akwai Babul Khalil, inda hanyar garin Al-Khalil da ta Yafa ke tashi, a gefen tsohuwar ƙal'ar birnin, wato sansanin soja mai katanga. Rubutun da ke jikinta ya ambaci Annabi Ibrahim Khalilullah. Ita ma lanƙwasa ce, amma yawancin masu shiga yau ba ta cikinta suke bi ba, ta wani wawakeken giɓi ne a gefenta. An yi giɓin a 1898, aka cike gwalalon da ke tsakanin ƙofar da ƙal'a don Sarkin Jamus Wilhelm na Biyu ya shigo da tawagarsa. An ɗora mata hasumiyar agogo wajen 1908, Turawan Ingila suka sauke ta a 1922. Ta wannan ƙofa Janar Allenby na Ingila ya shiga a ƙafa ranar 11 ga Disamba 1917, mulkin Turkawa na shekara 400 ya ƙare. Akwai kaburbura biyu daga ciki, masu yi wa baƙi jagora kan ce na maginan da Sultan ya kashe ne don sun bar maƙamin Annabi Dawud a waje. Tatsuniya ce mai daɗin faɗa, kada a koyar da ita a matsayin tarihi.

Sauran ba sai an daɗe a kansu ba. Babul Jadid a arewa maso yamma Sultan Abdulhamid na Biyu ya buɗe ta a 1889 don unguwar Kiristoci. Ba ta da lanƙwasa, domin lokacin tsoron hari ya wuce. An toshe ta daga 1948 zuwa 1967, lokacin da tsohon birni ke hannun Jodan, iyaka kuma ta bi ta gindin katangar. Babus Sahira a arewa asalinta ƙaramar ƙofa ce a gefen hasumiya, a 1875 aka fasa ta gaba. Babun Nabi Dawud a kudu, ta 1540, fuskarta duk ramukan harsasan yaƙin Larabawa da Isra'ila na 1948 ne, kuma har yau motoci na fama da lanƙwasarta. Babul Magariba ma a kudu take, ƙanƙanuwa ce ainun sai da Jodan ta faɗaɗa ta a 1952. Sunan na unguwar mutanen Magrib ne da ke cikinta, waƙafin da Al-Afdal ɗan Salahuddin ya kafa, wadda Isra'ila ta rushe cikin 'yan kwanaki a watan Yuni 1967. Babul Asbaɗ a gabas ita ce mai siffofin dabbobi huɗu, biyu a kowane gefe. Ana ce musu zakuna, ana kuma ba da labarin wai Sultan ya yi mafarkin za su cinye shi in bai gina ganuwa ba, amma masana sun fi danganta su da tambarin Sultan Baibars na Mamlukawa, wanda ya yi mulki daga 1260 zuwa 1277, wato daga wani tsohon gini aka ciro su. Ta nan sojojin Isra'ila suka shiga ranar 7 ga Yuni 1967.

Ta takwas ita ce za ta fi jan hankalin ɗaliban Islamiyya. A katangar gabas take, tana fuskantar Dutsen Zaitun, bakinta biyu a jere: Babur Rahma da Babut Tauba. Ta girmi ganuwar Sulaiman nesa ba kusa ba. Masana sun kasu biyu a kanta, wasu sun ce ginin ƙarshen zamanin Rumawa ne, wasu sun ce na Umayyawa ne a zamanin Abdulmalik ɗan Marwan, wanda ya kammala Ƙubbatus Sakhra, ginin nan mai ƙubbar zinariya a harabar Al-Aƙsa, a 72 na Hijira. Daga waje bango ne kawai da bakuna biyu a sama. Daga cikin harabar masallaci kuwa sai an gangara matakala, a tarar da babban ɗaki mai manyan ginshiƙai biyu a tsakiya. Lokacin da mayaƙan Salibiyya ke riƙe da gari sau biyu a shekara suke buɗe ta don bukukuwansu. Toshewar da ta zauna har yau ana danganta ta da 1541. Ana yawan cewa an yi hakan ne don a tare Almasihun da Yahudawa ke jira. Dalilin da ya fi kama hankali shi ne na tsaro: cikin ƙofofin takwas ita kaɗai ce ke faɗawa kai tsaye cikin harabar masallaci daga waje, ba ta da lanƙwasa, ga Babul Asbaɗ kusa tana biyan buƙata.

A gindinta ta waje maƙabartar Babur Rahma take, inda kaburburan sahabbai biyu suke, Ubada ɗan Samit da Shaddad ɗan Aus, Allah ya yarda da su. Wasu magabata sun haɗa wannan katanga da aya ta 13 a Suratul Hadid, mai maganar bango mai ƙofa, cikinsa rahama, wajensa azaba. Ibn Kasir ya yi bayanin cewa misali ne suka buga don kusanto da ma'ana, bangon da ayar ke nufi na ranar Alƙiyama ne. Hukumomin Isra'ila sun rufe ɗakin cikin a 2003, masallata suka sake buɗe shi a watan Fabrairu 2019 suna salla a ciki.

A kula da wani ruɗani da labaran rediyo ke jawowa. Harabar Al-Aƙsa, wadda ta ci wajen kashi ɗaya cikin shida na tsohon birni, tana da nata ƙofofin daban, irin su Babus Silsila, Babul Ƙaɗɗanin, Babul Hadid da Babu Hiɗɗa. Sunaye biyu sun maimaitu: akwai Babul Asbaɗ ta birni da ta masallaci, haka Babul Magariba. In aka ce 'yan sanda sun rako baƙi ta Babul Magariba, ta masallacin ake nufi, mai gadar katako.

Yanzu ga maganar daɗewa. Abu na farko, ganuwar ba ta taɓa fuskantar irin yaƙin da ke rusa ganuwa ba, kuma a ganina ba don shi aka yi ta ba. Turkawan da suka fasa katangar Kustantiniyya, wato Istanbul ta yau, da igwa a 1453 sun fi kowa sanin cewa bango mai tsayin mita 12 da kaurin mita 2.5 ba ya jure igwa. Garuruwan da ake shirya wa igwa a lokacin gajeren bango ake musu, mai kauri, a cike bayansa da ƙasa. Wannan an yi ta ne don mahara daga jeji, don a san mai shiga da mai fita da kayan da za a karɓi haraji a kansu, don kuma a nuna cewa birni na uku a daraja ya samu mai kula da shi. Tare da ita aka gyara hanyar ruwa aka gina wuraren sha a 1536 da 1537. Har wajen shekarun 1870 ana kulle ƙofofin da faɗuwar rana. Napoleon ya ratsa Falasɗinu a 1799, ta bakin teku ya bi zuwa Akka, bai taɓa ta ba.

Na biyu shi ne kayan gini. Dutsen dangin wanda ake haƙa a Ashaka ne ana yin siminti da shi, kuma a kansa birnin yake zaune. Tsakanin Babul Amud da Babus Sahira akwai bakin wani babban kogo da ya shige ƙarƙashin gidaje, tsohuwar mahaƙar dutse ce. Mafi kyawunsa, wanda ake kira malaki, yana da sauƙin sassaƙa in an fito da shi, sannan ya ƙara tauri in ya sha iska. Katangar fuska biyu ce ta sassaƙaƙƙen dutse, tsakiya a cike da ɓaraguzai da kwaɓin farar ƙasa. Wannan farar ƙasar daga dutsen ake samun ta: a toya shi a zafin da ya kai wajen digiri 900, a zuba masa ruwa ya tafasa ya zama farin kwaɓi, a bar shi a rami ya kwanta na watanni, sannan a haɗa kashi ɗaya da yashi kashi uku. Amfaninta shi ne ta fi dutsen laushi. In gini ya motsa ita ke tsagewa, dutse ya tsira, in ruwa ya shiga ta jikinta yake fita.

Duk da haka ba ta rasa ciwo. Babban abokin gabarta ruwa ne, ko da yake ruwan Ƙudus bai wuce wajen milimita 550 a shekara ba, kuma a lokacin sanyi yake sauka. In kwaɓin saman katanga ya buɗe, ruwa ya riƙa zirarewa ciki yana wanke farar ƙasar tsakiya, ɓaraguzan su zauna, su tura fuskar waje, sai katanga ta yi ciki. An ga haka a katangar kudu ta harabar Al-Aƙsa a farkon shekarun 2000. Isra'ila da hukumar waƙafi kowa ya ɗora wa ɗan'uwansa laifi, injiniyoyin Jodan suka zo suka yi gyaran. Sai gishiri, wanda danshi ke ɗaukowa daga ƙasa. In ruwan ya bushe gishirin ya daskare a ƙananan ramukan jikin dutse ya riƙa ɓarɓashe fuskarsa. Sai tsirrai masu kafa saiwa a tsakanin duwatsu suna ɓamɓare su. Sai ƙarfen da masu gyaran baya suka cusa don ɗaure dutse da dutse, wanda in ya yi tsatsa yakan kumbura ya fasa abin da aka sa shi ya riƙe. Mafi ɓacin rai shi ne siminti. Ya fi dutsen tauri, ba ya barin danshi ya fita, don haka ruwan sai ya bi ta jikin dutse. Bayan shekaru ka tarar layin simintin na nan tsaye cak, gefen duwatsun ya cinye. Ga girgizar ƙasa a kai a kai, ta 749 da ta 1033 da ta 11 ga Yuli 1927 suna cikin manya.

Gyaran da ya dace a jere yake. A fara da ɗaukar hoto da zana kowane dutse a ba shi lamba. A kashe tsiro a bar saiwarsa ta bushe kafin a cire, domin fizgar ɗanya takan taho da kwaɓi. A ƙwaƙule tsohon kwaɓi ko siminti da hannu, zurfin ya kai ninki biyu na faɗin tsagin. A wanke, a jiƙa, a cusa kwaɓin farar ƙasa kaɗan-kaɗan ana dannawa. In tsakiyar katanga ta yi kogo, a ɗura mata ruwan kwaɓi daga ƙasa ana hawa sama, mita ɗaya ko ƙasa da haka a lokaci guda, don nauyin ruwan kada ya turo fuskar. Inda ake buƙatar ɗauri a sa ƙarfen da ba ya tsatsa. Daga nan a lulluɓe da jiƙaƙƙen buhu na kwanaki, domin farar ƙasa in ta bushe da gaggawa gari take zama. Tsofaffin hotuna ma kayan aiki ne: da su aka mayar da ƙawar saman Babul Amud a 2011, wadda yaƙin 1967 ya lalata.

Na uku, kuma shi ya fi shafarmu, ba a bar mutane sun ci ta ba. Garin Yafa da ke kusa ya rushe tasa ganuwar a shekarun 1870 don ya faɗaɗa. A Ƙudus tsarin gari da Turawan Ingila suka zana a 1918 ya hana sabon gini a jikinta, ya ware fili kewaye da ita. UNESCO, hukumar ilimi da al'adu ta Majalisar Ɗinkin Duniya, ta sa tsohon birnin da ganuwarsa cikin kayan tarihin duniya a 1981 bisa buƙatar Jodan, ta sa shi cikin waɗanda ke cikin haɗari a 1982.

Ganuwar Bauchi kuwa ta ƙasa ce, kuma wannan ba gazawar magabata ba ne. Duwatsun da suka kewaye garin masu tsananin tauri ne, sassaƙa isassu na kilomita goma da kayan aikin wancan lokaci ba ƙaramin abu ba ne, ga jan ƙasa a ƙarƙashin ƙafa. Ramin da aka haƙo ƙasar shi ke zama gwalalo a waje. Ƙarfin irin wannan ganuwa a faɗin gindinta yake. Ta Kano da Turawa suka tarar a 1903 an kwatanta kaurin gindinta da ƙafa 40, tsayinta ƙafa 30 zuwa 50. Amma ginin ƙasa a garin da ke samun ruwan da ya kai kusan ninki biyu na Ƙudus, cikin watanni biyar, da iska mai dukan bango, yana rayuwa ne da gyaran shekara-shekara. Da rani ake fitar da jama'a aikin gayya, kowane yanki da nasa rabon. Da Turawa suka ci garin a 1902, hari ya ƙare, aikin gayyar ya mutu, sai damina ta riƙa ɗiban rabonta ba mai mayarwa. Sauran mutane suka ƙarasa: wannan ya ɗebi ƙasa ya yi tubali, wancan ya fasa hanya, wani ya jingina ɗakinsa. Ƙofar Ran, Ƙofar Wunti, Ƙofar Nassarawa, Ƙofar Wase, Ƙofar Idi, Ƙofar Dumi, Ƙofar Tirwun, Ƙofar Inkil da taku ta Jahun, sunayensu ne yanzu ke nuna inda layin ya bi. Cewa ginin ƙasa na iya daɗewa in ana kula da shi, Gidan Madaki na Kafin Madaki ya isa shaida, wanda aka sa cikin kayan tarihin ƙasa tun 1956.

In akwai guntun da ya rage a wata unguwa ana son ceto shi, kada a fara da yaɓen siminti, kuskuren can ne a nan ma, har ya fi muni: simintin yakan rabu da ƙasa, ruwa ya shige bayansa, gara ta samu mafaka, wata rana ya faɗo da fuskar bangon gaba ɗaya. A fara da gindi, domin ganuwar ƙasa ta nan take mutuwa. A kwashe bola, a hana fitsari da ruwan kwata zuwa jikinta, a gyara ƙasa ta gangara daga bangon zuwa waje. Inda gindi ya zaizaye a cike da tubalin ƙasa iri ɗaya da ta asali, sahu-sahu, ana barin kowane ya sha iska. A sare darbejiya da tumfafiyar da suka tsiro a kai a kashe kututturen, a toshe ramukan gafiya. Saman a yi masa doro don ruwa kada ya kwanta. Kwaɓin yaɓe a haɗa shi da ciyawa a bar shi ya ruɓa na kwanaki ana sake takawa, a gama da makuba, a kammala kafin ruwan farko. Sannan a nemi masu unguwa da masarauta su shata tazarar da ba za a yi gini ko haƙa a cikinta ba, a kafa alama a ƙasa, a rubuta, a ajiye kwafi a wurin hakimi da hukumar kula da kayan tarihi.